Buhari: Sunan Gari da Ya Zama Sunan Yanka

'Yan uwana Hausawan Wad Haddad da na sauran ƙauyukanmu na Jazira da bakin Nilul Azraƙ, na gida da waɗanda yaƙi ya watsa.

Aikina a zauren dattijonmu rubutu ne: shaidar ɗaurin aure, rabon gado, sulhun iyakar gona, da wasiƙar da ake kai wa hukuma don a tabbatar wane ɗan wane ne. Kun san a ƙasar nan ba a rubuta mutum sai da sunaye huɗu, nasa da na uba da na kaka da na kakan uba. Shekaru da yawa ina jera su a takarda, har na lura da wani abu game da sunan Buhari. Yana da yawa a gurbin kaka da kakan uba, ya ragu a gurbin uba, a gurbin jarirai kuwa sai in daɗe alƙalamina bai rubuta shi ba. Tun da suna linzami ne, ya kamata mu san inda wannan ya fito kafin ya kuɓuce mana.

A asalinsa Buhari nisba ce, wato danganta mutum ga garinsu, kamar mu ce Bakano ko Bakatsine. Garin shi ne Buhara, tsohon birni a tsakiyar Asiya, a ƙasar da ake kira Uzbekistan a yau. Masana sun kasu kan ma'anar sunan birnin. Wasu suna ganin ya fito daga wata tsohuwar kalmar Indiya mai nufin gidan masu bauta, wasu kuma suka ce daga harshen mutanen yankin na da ne, ma'anarsa wuri mai sa'a. Duk wanda aka haifa a can al-Bukhari ne, ko malami ne ko maƙeri. Amma mutum guda ya rinjayi dukkan mutanen birnin, har ya zama in an ambaci nisbar ba a nufin kowa sai shi.

Shi ne Imam Muhammadu ɗan Isma'ila ɗan Ibrahim ɗan Mugira ɗan Bardizba, wanda aka haifa a shekara ta 194 bayan Hijira, daidai da 810 Miladiyya. Ku dubi sunan ƙarshe a wannan jerin: Bardizba ba Balarabe ba ne, Bafarishe ne, a kan addinin Majusanci ya rayu. Ɗansa Mugira ne ya musulunta a hannun gwamnan Buhara na lokacin, Yamanu al-Ju'fi, saboda haka aka jingina gidan ga ƙabilar Larabawa ta Ju'fi bisa al'adar wala'i. Ke nan Imam yana da nisba biyu, ɗaya ta ƙabilar Larabawa da aka jingina kakanninsa gare ta, ɗaya ta garin da aka yanke masa cibiya. Ta farkon sai ɗalibai masu bin littattafan tarihin maruwaita suka san ta. Ta biyun kuwa har tsohuwar da ba ta taɓa riƙe allo ba ta san ta.

Mahaifinsa ya rasu yana ƙarami, uwa ce ta rene shi. Yana da shekara 16 ya tafi aikin hajji tare da ita da wansa Ahmadu, su suka koma gida, shi ya tsaya a Hijaz neman ilimi. Daga nan ya zaga Basra da Kufa da Bagadaza da Sham da Masar yana bin malaman hadisi. An ruwaito cewa shekara 16 ya yi yana tace littafinsa, Sahihul Buhari, ya zaɓo hadisai dubu bakwai da ɗoriya, in an haɗa da masu maimaici, daga cikin 600,000 da ya tattara. Da ya koma garinsu bayan ya shahara, gwamna Halidu ɗan Ahmadu ya nemi ya ɗauko littattafansa ya zo fada ya karantar da shi da 'ya'yansa a keɓe. Imam ya ƙi, ya ce mai son ilimi shi ke zuwa wurin ilimi. Aka kore shi daga Buhara. Ya sauka wurin danginsa a ƙauyen Hartank kusa da Samarƙandu, a can ya cika a daren ƙaramar Salla ta shekarar 256, wato 870 Miladiyya. Garin da ya kore shi, da sunansa duniya ta san garin.

To, ta yaya nisbar mutumin Asiya ta zama sunan da liman ke raɗa wa jariri a ƙasar Hausa? Ta hanyar littafi ne. Malamanmu sun karanta Sahihi, suka ƙaunaci mai shi, suka so 'ya'yansu su zama takwarorinsa don neman albarka. Sunan yankansa Muhammadu ne, sai a raɗa wa yaro Muhammadu a ɗora masa Buhari, don a san wane Muhammadun ake nufi. Gida ɗaya kan tara Muhammadu uku ko huɗu, ga kuma kunyar da ke hana uwa kiran sunan ɗanta na fari ko sunan surukinta. Sai laƙabin ya tsaya a baki, sunan yankan ya koma takarda, har aka wayi gari ana raɗa Buhari shi kaɗai. Haka aka yi da Ahmadu Tijjani, da Abdulƙadir Jilani, da Ahmadu Rufa'i, da Muhammadu Sanusi. Jilani ma nisbar wuri ce, yankin Jilan na ƙasar Farisa. Harshenmu ya yi nasa aikin: ya sauke "al" na farko, ya tausasa ha mai ruwa ta koma ha tamu, yadda ya yi a alheri da Alhamis da Halidu.

Wannan al'ada ba tamu ce mu kaɗai ba. A Amurka akwai sunan Roosevelt, sunan wani gida da ya fito daga ƙasar Holan, ma'anarsa filin furen wardi, shi ma daga sunan wuri. Gidan ya fitar da shugabannin ƙasa biyu, na farko daga 1901 zuwa 1909, na biyu daga 1933 zuwa 1945, sai baƙaƙen fatar ƙasar da yawa suka riƙa raɗa wa 'ya'yansu maza Roosevelt, alhali ba su haɗa jini da Holan ba. Su mai mulki suka girmama, kakanninmu kuwa malami suka zaɓa.

A ƙasarmu ta asali sunan ya zauna a manyan gidaje. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya sa wa ɗaya daga cikin 'ya'yansa Muhammadu Buhari, malami kuma mawaƙi, wanda ya riƙe Tambuwal, zuriyarsa suka gaji sarautar garin. A tsakiyar ƙarni na 19 an yi Sarkin Haɗeja Buhari, wanda ya yi wa Sakkwato tawaye ya girgiza gabashin daula. Da Turawa suka ci ƙasar, aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi a 1903, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya jawo sauran masu hijira zuwa gabas, suka sauka bakin Nilul Azraƙ wajen 1906, inda garin Mai Wurno yake a kudancin Sinnar. Bayansu ayarin alhazai bai yanke ba. Da aka gama madatsar Sinnar a 1925 aka buɗe noman auduga a Jazira, da yawa suka tsaya neman guzuri, guzuri ya zama gida. Ba su zo da dukiya ba, amma sun zo da allo da littattafai da sunaye. Yaron da ya tafi hajji yana ɗan shekara 16 hanya ta riƙe shi, labarinsa ba baƙo ba ne a kunnen jikokin waɗannan mutane.

Me ya sa sunan yake ja da baya a cikinmu? Ruwa ba ya tsami banza. Dokar jinsiyya ta 1957 ta nemi mutum ya nuna kakanninsa suna ƙasar nan tun ƙarshen 1897, sharaɗin da ya bar 'ya'yan masu hijirar Burmi da na alhazai a bakin ƙofa. Dokar 1994 ta sassauta, ta mayar da ma'aunin 1 ga Janairu 1956, amma tsoron da ya shiga zukata bai fita tare da tsohuwar doka ba. Iyaye suka koyi auna suna da kunnen ma'aikacin da zai karanta shi. Aka fara jingine Garba da Ɗanjuma da Tanko, sannan tsoron ya kai ga sunayen da ba su da laifin komai sai yawansu a bakinmu.

Wani matashi ya taɓa zuwa zaure neman shawara, an yi masa haihuwa, tsohuwarsa tana son a mayar da sunan mahaifinsa marigayi, Buhari. Shi kuwa yana ɗari-ɗari. Ya ce a wani ofis an taɓa karanta sunayensa huɗu, ma'aikacin ya ɗaga kai ya tambaye shi ko shi ɗan uwan shugaban Najeriya ne, aka yi dariya, takardarsa ta ƙara kwanaki. Ban ga laifinsa ba, wanda maciji ya sara in ya ga tsumma sai ya gudu. Dattijonmu bai yi masa faɗa ba. Ya ce masa shi ma marigayi Muhammadu Buhari na Daura, da aka haifa a 1942, aron sunan ya yi, domin a lokacin mai sunan ya fi shekara dubu a kabari. Ya ƙara da cewa maƙwabtanmu Larabawa su ma suna raɗa shi, bambancin kawai su daga maƙogwaro suke furta shi, mu daga numfashi, a rubutu kuwa harufan ɗaya ne. Ranar bakwai aka yanka rago, tsohuwa ta sami mai sunan mijinta.

Abin da nake so mu riƙe shi ne, mu ba mu da sunan gida da ake gado har abada irin na Turawa. A tsarin sunaye huɗu, duk haihuwa tana tura suna gurbi ɗaya baya: yau naka ne, gobe na uba, jibi na kaka, gata na kakan uba, daga nan ya faɗi daga takarda. Babu abin da ke dawo da shi gaba sai a sake raɗa wa jariri. A wannan zamani da gidaje suka ƙone, takardu suka salwanta, dangi suka rarrabu tsakanin garuruwa, sau da yawa jerin sunayen nan ne kaɗai shaidar da ta rage a bakin yaro, da shi ake gane ɗan gidan wa ne.

Kowane uba yana da haƙƙin zaɓa wa ɗansa sunan da ya kwanta masa, kuma kyawawan sunaye suna da yawa. Roƙona kawai, kada tsoro ya zama shi ne mai raɗa suna a gidajenmu. Wanda kuma ake kira Buhari a cikinku, ya sani takwaransa jikan baƙi ne da aka jingina ga wata ƙabila, bai ɓoye garinsu ba, aka kore shi ya rasu a ƙauye, kuma har yau malamai daga Fas zuwa Jakarta suna buɗe littafinsa da alwala. In dama ta samu ya nemi malami ya karanta ko da babin farko ne, domin kyan takwara ya san mai sunansa.

Allah Ya jiƙan Imam, Ya jiƙan iyayenmu da suka taka hanyar gabas, Ya raya mana zuriya, Ya mayar da kowa gidansa lafiya. Amin.