Popeye da gwangwaninsa

Cikin zane-zane masu motsi da ake nunawa a silima da talabijin, akwai wani da nake so ƙwarai. Sunansa Popeye. Matuƙin jirgin ruwa ne, ido ɗaya a rufe, lofe a baki. Wani mai zane na ƙasar Amurka, Elzie Segar, shi ya fara zana shi cikin jarida a shekara ta 1929. A 1933 aka fara nuna shi yana motsi a silima.

Labarinsa kusan kullum iri ɗaya ne. Wani ƙato mai gemu, Bluto, ya kama shi ya yi ta jibga. In Popeye ya galabaita, sai ya jawo gwangwani ya matse. Ganyen da ke ciki ya yi tsalle ya faɗa bakinsa. Ganyen nan ɗan'uwan alayyahonmu ne. Nan take damatsansa su kumbura, ya kai wa ƙato naushi ɗaya, ƙato ya tashi sama.

Mi ya sa abin bai gundurar mutane? A ganina, jiran shi ne daɗin. Kowa ya san gwangwani zai fito, kowa na ɗokin ganinsa. Haka muke jiran tsamin bakin Gizo cikin tatsuniya.

Abin da aka yi ta maimaitawa yakan zama alama. Ganyen nan ya zama alamar ƙarfi. Iyaye suka riƙa ce wa yara su ci, don su yi ƙarfi kamar Popeye. A 1937 mutanen Crystal City, wani gari na manoman ganyen a jihar Teksas, suka kafa mutum-mutumin Popeye a garinsu. Ku duba, mutumin da babu shi sai a takarda!

Amma yara, mu yi hankali. Alayyaho abinci ne mai kyau, yana da bitamin da sinadarin ƙarfe mai taimakon jini. Sai dai ba ya kumbura damtse nan take. Ƙarfi sannu-sannu yake zuwa, da abinci iri-iri, da aiki, da barci.

Saboda haka in kun ga abu ya yi ta dawowa cikin hoto, ku yi dariyarku. Bayan nan ku tambayi kanku: ina gaskiya, ina wasa?