Kwanciyar Ɗan Tsiro a Cikin Iri

A gidan manoma na tashi, amma sai da na je karatun aikin gona a Samaru na san cewa kowane iri yana da gabansa da bayansa. Malaminmu na ilimin tsirrai ba ya yarda a haddace suna kafin a ga mai sunan. Yakan sa mu jiƙa iri tun da dare, da safe mu zauna da reza da gilashin ƙara girma.

Da wake muka fara. Kafin ka saɓule fatar, ka duba kusa da tabon da ya manne da kwanso, za ka ga wata ƙofa kamar bakin allura. Nan kan 'yar saiwar da ke cikin irin yake fuskanta, ta nan kuma take ɓullowa. Ita kanta saiwar ta lanƙwasa ta kwanta a gefen ɓari biyu, daidai inda suka haɗu. Wannan kwanciya ake kira akumbent. A lansir kuwa saiwar ta jingina ne da bayan ɓari guda, shi ne inkumbent. A kabeji ɓarin biyu sun naɗe sun rungume ta, wato kondupliket. Gyaɗa ɗan tsironta miƙe yake sambal, na alayyafo ya yi zobe.

Malam ya faɗa mana cewa wani masani ɗan Janeba, De Candolle, da irin wannan kwanciya ya karkasa dangin kabeji a 1821. Ya zana mana alamominta a allo: ƙaramar da'ira a madadin saiwa, layi biyu a madadin ɓari. Nan na gane cewa ƙwayar da ba ta kai ta gero ba tana iya nuna zuriyar tsiro ko da babu ganye babu fure.

Daga baya, da na zama malamin gona, ilimin ya yi mini rana. Manomi zai kawo iri ya ce, "Malam, duba mini, zai fito kuwa?" Sai in jiƙa kaɗan in ɓare. Idan ƙwaro ya cinye wurin saiwar, ko ya yi baƙi, nakan hana shi ɓata ruwan shuka.

Shi ya sa nake roƙon malaman yau su riƙa shiga aji da wake a hannu. Yaron da ya ɓare ƙwaya da kansa ba zai manta abin da ya gani ba, kuma zai san irin da zai saya wa gonarsu.