Gem Ɗaya, Gida Guda: Abin Da Muke Dubawa Kafin Mu Zargi Juna

Yau maganar da muka kawo ta wasannin kwamfuta ce, wato abin da yaranmu ke kira gem. Mun san wani dattijo zai ce ina ruwansa da wasan yara, amma duk gidan da ke da samari da laftof, wannan abu ya riga ya shigo masa. Kuɗi ne ake kashewa da dala, kuma mun ga yadda gem ɗaya da ya ƙi buɗewa yake sa wa da ƙani su wuni ba sa magana da juna.

Mu 'yan gida ɗaya ne a Agege, nan Legas, manya uku da ƙanne da 'ya'yan 'yan uwa da ke zaune tare da mu. Muna sayen wasanninmu ne a Steam, babbar kasuwar gem ta intanet da kamfanin Valve na Amurka ya buɗe a 2003. A da, idan ka sayi faifai a Computer Village ko Alaba, naka ne, ka ara wa wanda ka ga dama. Yanzu babu faifai, gem yana manne ne da akawun ɗin wanda ya saya. Domin 'yan gida su riƙa amfana da na juna, Valve ya fito da tsarin aro tun wajen 2013, sannan a Satumbar 2024 ya buɗe wa kowa sabon tsari mai suna Steam Families. A cikinsa mutum shida ke haɗuwa su zama iyali guda, wasannin kowa su taru a rumbu ɗaya, amma kowa da nasa akawun, kowa da inda ya tsaya a wasa.

Tsari ne mai sauƙaƙa wa aljihu, sai dai yana da ƙa'idoji, kuma wanda bai san su ba zai ɗauka mugunta aka yi masa. Yaro zai zo ya ce: «Yaya, ka cire ni daga gem ɗin ne?» Wanda ya saya kuma sai ransa ya ɓaci, ya ce shi da ya biya kuɗi shi ake tuhuma. Shi ya sa muka tsara wa kanmu tambayoyin da ake bi ɗaya bayan ɗaya kafin kowa ya ɗaga murya. Matambayi ba ya ɓata.

Tambaya ta farko ita ce, wa ke buga gem ɗin yanzu? Wannan ita ce ta fi yawan warware rigima. A tsohon tsari, da zarar mai rumbu ya kunna ko wane gem, sai a ba mai aro 'yan mintuna ya tattara ya fita, rumbun duka ya rufe. Sabon tsarin ya gyara wannan: mutum shida za su iya wasa a lokaci guda, muddin kowa da gem ɗin da yake bugawa. Abin da ake ƙirgawa shi ne kwafi. Idan kwafi ɗaya na Euro Truck Simulator 2 muke da shi a gidan, mutum ɗaya ne zai tuƙa tirela a lokaci guda, saura su jira ko su buga wani. Kamar babur ɗaya ne a tsakar gida, in wani ya fita da shi babu wanda ya hana ka, fita da shi dai aka yi. Sau da yawa ma ba bugawa ake yi ba, wani ne ya bar gem a kunne ya tafi aike ko masallaci. A leƙa ɗakinsa a kashe, shi ke nan.

Tambaya ta biyu, shin gem ɗin ma yana cikin waɗanda ake arawa? Ba kowane ba ne. Kamfanin da ya ƙera gem yana da ikon cire shi daga tsarin aro, kuma wasannin da ke buƙatar a buɗe wani akawun na daban a wajen kamfaninsu ko a riƙa biyan kuɗin wata, yawanci ba sa shiga rumbun iyali. Grand Theft Auto V, wanda samari ke mutuwar so, yana cikin irin waɗannan. Hanyar ganewa ita ce a buɗe shafin gem ɗin a kasuwar Steam, a duba jerin abubuwan da yake goyon baya. Idan an ga Family Sharing a rubuce, ana arawa. Idan babu, ko Yaya ya fi kowa kyauta ba zai iya ba ka ba. Mun mayar da wannan dubawa doka kafin a sayi komai da niyyar gida. Akwai kuma wasannin kyauta irin su eFootball, Dota 2 da Counter-Strike 2. Waɗannan ba sa bayyana ta hanyar aro domin kowa zai iya sauke nasa, amma abin da wani ya saya a cikinsu nasa ne shi kaɗai.

Tambaya ta uku, akwai wanda ya rufe shi da gangan? Mai gem yana iya mayar da shi na sirri, kuma da zarar ya yi haka ba ya fitowa a rumbun sauran. Haka nan a tsarin akwai babba akwai yaro. Babba yana iya zaɓa wa yaro wasannin da zai gani, ya sa masa awannin wasa, ya rufe masa kasuwa da hira da baƙi. Mu muna amfani da wannan sosai, domin akwai wasannin da ba mu yarda ɗan shekara goma ya gani ba, kuma a ranakun makaranta da Islamiyya lokaci a ƙayyade yake. To idan autanmu ya ce gem ya ɓace, wani lokaci amsar ita ce awanninsa ne suka ƙare, ko mu muka rufe. A nan muna gaya masa gaskiya da dalili. Idan ka bar yaro yana zaton kwamfuta ce ta lalace alhali kai ka rufe, ranar da ya gano ba zai sake yarda da maganarka ba.

Sai ta huɗu, wadda ta shafi na'urar kanta. Da wane akawun aka shiga? A laftof ɗin da mutum uku ke amfani da ita, abu ne mai sauƙi ka zauna a akawun ɗin wani ba ka lura ba. Shin an tace rumbun ya nuna waɗanda aka sauke kawai? Shin gem ɗin yana aiki a irin kwamfutar, domin wani na Windows ne kaɗai, ba ya tashi a Mac? Masu tsofaffin laftof na gwanjo su sani cewa tun 1 ga Janairun 2024 Steam ya daina tallafa wa Windows 7, 8 da 8.1. Bayan haka sai a rufe manhajar gaba ɗaya a sake buɗewa, a bar ta ta sabunta kanta. Idan an ɗauke wuta ana tsakiyar sauke gem, akwai wurin da ake sa Steam ya binciki fayilolinsa ya cike waɗanda suka lalace, wanda ya fi sake saukewa daga farko sauƙi ga data. Kuma idan abin ya faru a daren Talata ne, a ɗan yi haƙuri, lokacin ne Steam ya saba yin gyaran mako-mako, ba ya daɗewa. Wasannin aro da ba sa buƙatar intanet ana iya buga su ko babu sabis, amma gara a kunna su sau ɗaya tukuna ana kan layi.

Waɗannan duk masu sauƙi ne. Mai wuyar ita ce lambar nan shida. Wanda ya tsara ta yana tunanin gidan miji da mata da yara uku ko huɗu ne. Mu kuwa a gidanmu idan aka ƙirga masu cin tuwo daga tukunya ɗaya, an wuce shida tun ba a zo kan yara ba. Dole aka zauna aka zaɓa, kuma duk wanda aka bari a waje yana jin wani abu a ransa. Ga shi kuma kujerar ba a wasa da ita: wanda ya fita daga iyali yana iya jiran har shekara guda kafin ya shiga wani, kujerar da ya bari ita ma tana da nata jiran na shekara kafin wani sabo ya hau. Idan mutum ya fita, wasanninsa suna binsa, don haka rumbu kan ragu dare ɗaya. Saboda haka muka yi yarjejeniya cewa ba a cire kowa cikin fushi. Rigimar da za a shirya gobe bayan sallar asuba ba ta kai a rufe ƙofa ta shekara ba.

Haka kuma an yi tsarin ne domin mutanen da ke zaune a gida ɗaya. Wani ɗan uwanmu da ke Yamai ya so a saka shi, muka ba shi haƙuri, domin ƙasarsa daban ce a wajen Steam. Akwai masu ba da shawarar a yi dabarar ɓoye inda mutum yake, ko a miƙa wa wani lambar sirri ya shiga akawun kai tsaye. Ba mu bin wannan hanya. Ta saɓa wa ƙa'idar da muka amince da ita da hannunmu, kuma akawun ɗin da aka tara wa wasanni na shekaru bai kamata a jefa shi cikin haɗari ba. Masu tallata kujerar iyali a intanet da araha kuwa, a guje su, sau da yawa akawun suke nema su sace.

Akwai wata ƙa'ida da muke karanta wa duk wanda zai shiga. Idan ɗan iyali ya yi maguɗi a gem ta hanyar manhajojin cuta yana amfani da kwafinka, za a haramta masa gem ɗin, kai mai kwafin ma a haramta maka. Ka ga ashe aron nan amana ne. Wanda ka saka, ka tsaya masa ke nan, kamar yadda ake tsaya wa baƙo a kasuwa.

Daga ƙarshe, akwai abin da ya kamata mai saye ya sani. Abin da muke biya lasisin amfani ne, gem ɗin bai zama dukiyarmu irin ta fili ko mota ba. Tun Oktoban 2024 Steam yake rubuta haka a wurin biyan kuɗi, bayan jihar Kalifoniya ta yi dokar da ta tilasta wa masu sayar da kayan intanet su faɗi gaskiyar abin da suke sayarwa. Ƙa'idarsu ba ta yarda a sayar da akawun ko a mayar da shi ga wani ba. A Maris ɗin 2024 kamfanin Ubisoft ya rufe gem ɗin tseren motoci The Crew, waɗanda suka saya da kuɗinsu suka daina iya bugawa. Kayan aro ba ya rufe katara, in ji Hausawa, to wannan aro ne a kan aro. Don haka muke kashe kuɗi da lissafi: muna jiran rangwamen Yuni da na Disamba kafin mu ƙara kwafi na biyu na gem ɗin da ake rububi, kuma idan aka sayi wanda bai dace ba, Steam yana mayar da kuɗi in ba a wuce kwana 14 ba kuma ba a buga shi fiye da awa 2 ba.

Abin da ya fi yi mana amfani shi ne jadawalin da muka manna a bayan ƙofa: yara bayan la'asar idan sun gama aikin makaranta, manya bayan isha'i, Asabar da Lahadi a yi karɓa-karɓa. Wanda ya gama ya kashe gem ɗin, wanda ya samu a rufe ya bi tambayoyin nan kafin ya yi zato. Iyayenmu da ke biyan kuɗin data da na fetur, ku riƙa tambayar yara me suke bugawa da kuma wa suka saka a iyalinsu. Allah ya shirya mana zuri'a, ya bar zumunci.