Kosso, itacen duwatsun Habasha

Matafiyin da ya kama hanyar Goba daga Addis-Abeba, in ya iso Dinsho cikin duwatsun Bale, zai tarar da sanyi da hazo, da wani babban itace mai jajayen furanni suna reto. Sunansa kosso. Ba ya fitowa a kwari: sai an hau kusan metir 2000, watau tsayin dutsen Bagzan na Ayar, sannan ake soma ganinsa.

Mutanen Habasha na son ɗanyen naman shanu, abin da ke jawo tsila. Tun kaka da kakanni, furen macen itacen ake shanyawa, a daka, a jiƙa, a sha da sassafe kafin kalaci. Wanda ya sha, ranar nan ba aiki, ba karɓar baƙo. A ƙarni na 19, har kantunan magani na Turai sun saida shi.

Amma kosso ba ya yafe ganganci: in an zarce awo yana taɓa ido, yana iya kisa. Yau ƙwayoyin likita sun fi shi aminci. Shi kuwa itacen, masu yankan katako da masu saran gona na ta rage shi.