Mai gadin ƙirji

Garin Gaya yana bakin kogin Isa, cikin jihar Doso. Wata doguwar gada ta haɗa shi da Malanbil ta ƙasar Benin. Kamba ta Najeriya ma ba ta da nisa. Idan bazara ta yi, ruwa ya janye, yara sukan gangara kogi su yi wanka.

Akwai wani yaro, jikan wani tsohon Basarke. Shi da abokansa suna wasan nutso. Ɗaya ya nutse, sauran su yi ta ƙirga. Wanda ya fi daɗewa shi ne sarki. Yaron nan bai taɓa wuce 30 ba. Abin yana ci masa rai.

Ran nan wani babban yaro ya ce masa:

— Kafin ka nutse, ka yi ta numfashi da sauri da ƙarfi. Za ka daɗe.

Ya yi hakanan, ya nutse. Aka ƙirga 50, aka ƙirga 80. Yara suna ta tafi. Kakansa yana cikin kwalekwale yana gyaran taru. Da ya ga ruwa ya yi shiru, sai ya faɗa ciki, ya ciro shi. Yaro ya suma, leɓunansa sun yi duhu. Tsoho ya kwantar da shi, ya yi ta hura masa iska a baki har ya yi tari. Aka kai shi asibiti.

Da ya warware, ya tambayi likita:

— Yaya na suma, alhali ban ji numfashina ya ƙare ba?

Likita ya ce:

— Cikin iskar da muke shaƙa, kashi 21 cikin 100 oksijan ce. Huhu yana ba jini ita, jini ya kai ta ko'ina a jiki. Jiki ya yi aiki da ita, ya fitar da wata iska, iskar kabon. In ka riƙe numfashi, kabon ta taru cikin jini, sai ƙirji ya matsa maka ka fito. Wannan matsi shi ne mai gadinka. Numfashin sauri da ka yi ya kore kabon, amma bai ƙara maka oksijan ta kirki ba. Oksijan ta ƙare, mai gadi yana barci. Sai ƙwaƙwalwa ta ɗauke. Wanda ya suma cikin ruwa ba ya ihu. Ruwa ya shiga huhunsa. Bayan minti 4 zuwa 6 babu oksijan, ƙwaƙwalwa ta fara lalacewa.

A hanyar gida, yaro ya ce:

— Kaka, ai kai ma kana nutso.

Tsoho ya ce:

— Ina yi, jikana. Amma ban taɓa shiga ni kaɗai ba, kuma da ƙirjina ya kira ni, nakan amsa. Ruwa ba sa'an kwando ba ne.

Yaron bai daina wanka a kogi ba. Amma ya bar gasar nutso. Idan ƙanensa suka shiga ruwa, yakan tsaya a gaɓa da doguwar gora a hannu, idonsa a kansu.

Tambayoyi
1. Wane ne mai gadin ƙirji?
2. Don me numfashin sauri kafin nutso yake da haɗari?
3. Me yaron yake yi da gora?