Fasfo Yakan Mutu Kafin Ranarsa

Ga yawancin dattawanmu fasfo kayan ajiya ne. Da an dawo daga Makka sai a naɗe shi a leda, a sa ƙarƙashin akwati tare da takardar fili, ba a sake waiwayarsa sai wata tafiya ta taso. A nan Minna na ga haka ba sau ɗaya ba, watau mutum ya sayar da doyar shekara biyu ko uku, ya kai kuɗin kujera, sa'an nan a buɗe littafin a ce masa ai ya mutu.

To, abin da jama'a da yawa ba su lura da shi ba, shi ne fasfo yakan mutu tun kafin ranar da aka rubuta a jikinsa. Saudiyya ba ta ba da biza sai in ya rage masa aƙalla wata 6. Ashe mai shekara 5, shekara huɗu da rabi yake amfani.

Sabuntawar kuwa ta wuce zamanin kai hoto da cika takarda. Yanzu sai an nema ta intanet, sai kuma da lambar ɗan ƙasa, wadda ake kira NIN, kafin mutum ya je ofishin Hukumar Shige da Fice a ɗauki hotonsa da zanen yatsunsa. A nan ne kawuna, manomi daga wajen Paiko, ya sha wuya. Tsohon fasfonsa ya ce Sule, katin ɗan ƙasa ya ce Sulaiman. Duk garinsu an san mutum ɗaya ne, amma kwamfuta ba 'yar garinsu ba ce. Mako uku muna gyaran suna, shi ko kullum tambayarsa ko an rufe jerin maniyyata.

Duk da haka namu da sauƙi. Mutumin ƙasar Holan da yake da wata ƙasa ta biyu, in ya zauna wajen Tarayyar Turai shekara 13 bai sabunta fasfo ko makamancinsa ba, zama ɗan ƙasar ma kuɓuce masa yake yi. Mu kuwa littafin ne kawai ke mutuwa, haihuwa tana nan.

Sai maganar kuɗi, wadda lalle ta yi nauyi ga talaka. Tun 2019 akwai fasfo mai shafi 64 da ke kai shekara 10. A ran 1 ga Satumba, 2025 aka mai da kuɗinsa Naira dubu 200, mai shafi 32 na shekara 5 kuma dubu 100. Na ba kawu shawara ya ɗauki mai goma ya huta. Ya dube ni ya ce, “Ɗana, ba na biyan kuɗin shekarun da ban tabbata nawa ba ne.” Mai biyar muka biya.