Daga Gidan Makama Zuwa Ruwan Tiga

Asabar

Gidan Makama yana daura da fadar Sarki, ta wajen Ƙofar Kudu. Ginin ƙasa ne mai zankwaye, wanda aka ce saboda Muhammadu Rumfa aka fara gina shi, tun yana Makama, kafin ya hau gadon Kano a 1463. Turawan da suka ci garin a 1903 sun yi ofis a cikinsa na ɗan lokaci, an yi makaranta a wani sashe, yau kuma gidan tarihi ne a hannun hukumar gidajen tarihi ta ƙasa.

Ɗan ƙanwata ne sanadin zuwan. Ya zo hutu daga Kaduna, sai ya nuna mini a wayarsa yadda ake yi wa baƙi a birnin Paris: tikiti ɗaya, da safe gidan zane-zane na Louvre, da yamma jirgin ruwa a kogin Seine. Ya ce, "Kawu, mu a Kano fa?" Na ce masa Jakara ba ta ɗaukar jirgi, amma muna da gidan tarihi, muna da ruwa, hanyar da ta haɗa su kuma ta garinmu Kura ta bi.

Shi sulke da lifidi ne suka tsayar da shi, sai kuma tsofaffin ƙyamaren ƙofofin gari masu nauyin gaske. Ni kuwa sama nake ta kallo. Duk wanda yake neman gwanintar Bahaushe a gidan nan, ya ɗaga kai ya ga yadda magina suka jera azara suka fitar da bakan gizo, ba ƙarfe ba siminti, ɗakin kuma ya yi sanyi da tsakar rana. A wani tsohon hoto muka ga basarake da baƙin rawani mai sheƙi. Na ce wa yaron ya riƙe wannan rawanin a ransa, gobe zai ga inda aka haife shi.

Lahadi

Kura ba ta fi kilomita 30 da ɗoriya daga Kano ba, a kan hanyar Zariya. Yanzu in aka ambace ta shinkafa ke zuwa ran mutum, kuma ba a yi ƙarya ba: injinan casa na ta ruri, mata na turara shanshera a tukwane a cikin gidaje, an shanya ta a kowane fili. Amma tun kafin shinkafa ta ci sunan garin, rini ne ya kai shi har Agadas da bayanta. Rawanin jiya shi ne ɗan Kura. Saƙi ne siriri, faɗin ƙwarya ɗaya bai wuce yatsa ba, a ɗinke su wuri guda, a tsoma a karofi a fitar, a sake tsomawa har ya yi baƙi wuluk, sannan a kai mabuga a riƙa zuba shuni ana bugu sai ya ɗau ido. Buzaye da shi suke naɗi, shi ne kuma yake rina musu fata, har Turawa suke kiransu shuɗɗan mutane. Bajamushen nan Heinrich Barth, da ya zo Kano a 1851, ya rubuta cewa arzikin ƙasar a tufafin da ake saƙawa ake rinawa yake. Marigayi Farfesa Philip Shea na Jami'ar Bayero kuwa a kan wannan sana'a ya yi digirinsa na uku.

Mun sami wani dattijo marini, abokin mahaifina, yana zaune a inuwa. Bayan gaisuwa na ce, "Baba, jikanka na kawo ya ga karofi." Ya tashi da kansa ya kai mu. Ramukan da ke aiki kaɗan ne, sauran ƙasa ta cike su. Ya bayyana wa yaron yadda ake haɗa baba da toka da katsi, a bar su kwanaki ana motsawa har ruwan ya nuna, da yadda marini ke gane ya nuna ta kumfa da wari. Tafin hannunsa har yau da sauran shuɗi.

Na tambaye shi ina samarin gidansu. Ya nuna gabas da haɓarsa, ya ce, "Suna kanal." Babu zafi a muryarsa. Ya ce rini bai taɓa gina wa mutum gida cikin shekara biyu ba, shinkafa kuwa ta yi. Na daɗe ina juya maganar. Raina bai so ramukan nan su mutu ba, kuma ban ga da wane baki zan ce wa saurayi ya bar abin da yake ciyar da iyalinsa ba.

Litinin

Yau ruwa muka bi da ƙafa da babur, daga wajen Kadawa muka ɓulla ta Bunkure. Hazo ya rufe sama, ciyawar bakin titi ta bushe ƙamas, amma da ka sauka gefen kanal sai kore iya ganinka: alkama, tumatir, albasa, masara, gurji.

Abin da na fi so yaron ya gane shi ne babu injin da ke tura wannan ruwa. Gangara kawai yake bi. Daga dam ɗin Tiga yake fitowa, ya ratsa ta Ruwan Kanya, babbar hanyar ta rabu biyu, reshen yamma da na gabas, su ma su yi ta haihuwar ƙanana har a zo ga wadda yaro zai tsallake. A nan manomi ke tsoma guntun bututu a ruwa, ya toshe baki ɗaya da tafin hannu, ya jefa shi ƙetaren gaɓa, ruwa ya riƙa bi da kansa yana shiga kunya-kunya. Ɗan ƙanwata ya gwada ya kasa, wani yaro da bai kai shi ba ya nuna masa, da ruwan ya fito kuwa sai da ya yi ihu. Kakanninmu da jigo suke ban ruwa a fadama, guga bayan guga, wuni guda ka shayar da ɗan fegi.

An tsara kashin farko na wannan shiri na ban ruwa zai shayar da hekta 22,000 a ƙasar Kura da Bunkure da Garun Malam, kuma hukumar kogunan Haɗeja da Jama'are, wadda aka kafa a 1976, ita ke kula da shi. Alkama gwamnati ta sa a gaba da farko, musamman da aka hana shigo da ita a 1987. Manoma suka yi nasu lissafin, suka karkata ga tumatir da shinkafa. Tumatir ɗin ma ba kullum yake daɗi ba. A Kwanar Gafan mun tarar da kwanduna jere ana loda wa manyan motoci zuwa Kudu, kuma in kaya ya yi yawa, sai kuɗin kwando ya kasa biyan ladan tsinka. A 2016 tsutsar da manoma ke kira sharon ta cinye gonaki, a shekarar da kamfanin tumatir na Dangote da ke Kadawa ya fara aiki, ya kuma tsaya saboda rashin abin niƙawa.

Wani manomi a can ƙarshen wata ƙaramar hanya ya ce mini, "Malam, na bakin ruwa shi ke ƙoshi, mu na wutsiya sai dare." Ya nuna mini inda ciyawa da yashi suka shaƙe hanyar. Ranar Alhamis, in ji shi, ƙungiyarsu ta masu shan ruwa za ta yi gayyar yashe ta.

Talata

Tiga. Gwamna Audu Bako ne ya sa aka tare kogin Kano a nan, an fara a 1971 an gama a 1974. Bangon ya kai tsawon kilomita 6, ruwan da aka gina shi ya riƙe kuma ya kusa kubik mita biliyan 2. Yaron bai taɓa ganin ruwan da ba a hango ƙarshensa ba. Ya tsaya shiru, sannan ya ce, "Kawu, wannan duk a Kano?"

Jirgin yawon buɗe ido babu. Akwai masunta da kwale-kwalensu, kuma da ɗaya daga cikinsu muka daidaita. Sai da na tabbatar akwai rigar ruwa ga kowa, domin ba wanda ya manta da Bagwai, inda jirgi ya kife a dam ɗin Watari a ƙarshen Nuwamban 2021 da ɗaliban Islamiyya a ciki. Allah ya jiƙansu. Duk mai niyyar kai yara ruwa, kada ya ji kunyar tambaya, kada kuma ya yarda a cika jirgi.

Da hantsi muka tashi, kafin iska ta taso. Mai jirgin dattijo ne, ba ya gaggawa da filafili. Muka wuce masu jan taru, muka ga karfasa da tarwaɗa a gindin jirginsu, balbelu na bin su. A bayanmu otel ɗin Rock Castle yana zaune a kan dutse. Da muka yi nisa sai ya daina tuƙi, ya nuna ruwan da ke gefenmu.

"Nan ƙasan garinmu ne," in ji shi. "Ina yaro aka tashe mu."

Na ce, "Baba, kana iya gane wurin?"

Ya ce da duwatsun can biyu yake aunawa. Ya lissafa mana abin da ke ƙasa: masallaci, rijiya, kuka, maƙabartar da kakansa yake kwance. An ba su wani wuri a tudu, amma ƙasar ba ta kai tasu ta fadama ba, shi ya sa mahaifinsa, manomi ɗan manomi, ya koyi su da girmansa. Bai yi ƙorafi ba. Ya ce ya san miliyoyi na cin abinci da ruwan nan. Abin da yake so kawai a san cewa akwai waɗanda suka biya.

Wannan magana ta tsaya mini. A Gidan Makama mun ga Kano ta Rumfa da Kano ta 1903. Amma abin da ya fi sauya rayuwar talakan kudancin Kano a ƙarnin da ya wuce shi ne wannan ruwa, kuma labarinsa a bakin tsofaffi kawai yake. Ina ma a ce akwai ɗaki guda, ko a Kura ko a Tiga, da za a ajiye jigo da guga, da bututun ban ruwa, da muciyar marini da ɗan Kura guda, da sunayen ƙauyukan da ruwa ya ci, da muryoyin irin wannan dattijo. Waɗanda suka ga tashin da idonsu duk sun haura hamsin.

Laraba

A hanyar komawa birni na sa direba ya tsaya a Tamburawa. A wannan yanki kogin Kano ke haɗuwa da Challawa, su gangara su zama kogin Haɗeja, a nan kuma ɗaya daga cikin matatun da ke ba birnin Kano ruwan sha take. Na gaya wa yaron cewa lissafin bai ƙare a Tiga ba. Tun da aka tare Tiga, aka ƙara da dam ɗin Challawa a 1992, ambaliyar da ke shayar da fadamun Haɗeja da Nguru kowace damina ta ragu. Ruwan da ake saki rani da damina kuma ya ba kacala damar yaɗuwa, ta toshe hanyoyin ruwa, ta cinye gonaki da wuraren su. Manomin Kura da masuncin Nguru ba su san juna ba, alhali daga ƙwarya ɗaya suke sha.

Ya fito da littafinsa ya zana hanyar da muka bi, zai nuna wa malaminsu na tarihi: Gidan Makama, marinar Kura, kanal a Kadawa, Bunkure, Tiga. Na ce masa in sun fita da asuba a motar makaranta, wuni ɗaya ya ishe su, amma su zo tsakanin Disamba da Fabrairu lokacin da alkama ke kore, su shiga ruwa kafin azahar, su kuma nemi izinin sarkin ruwa tun kafin ranar.